Hukuncin Jiya a Hannun Alƙalin Yau: Yadda Kotunan Indiya Ke Warware Koke-koke Masu Kama da Juna

Yau shirin faɗakarwa kan doka da 'yancin ɗan ƙasa zai leƙa kotunan ƙasar Indiya, ya duba yadda alƙalai ke jingina da hukuncin da aka yanke a baya idan wani ya kawo musu kukan zaluncin hukuma irin wanda aka taɓa kawowa.

Ranar 3 ga Yunin 1968, wata kotu a garin Muzaffarpur na jihar Bihar ta wanke wani mutum mai suna Rudul Sah daga tuhumar kisan kai. Amma ba a buɗe masa ƙofa ba. Ya ci gaba da zama a gidan yari har ranar 16 ga Oktoban 1982, shekara 14 da 'yan watanni bayan alƙali ya ce ba shi da laifi. Ya kai kukansa Kotun Ƙolin ƙasar, yana neman a sake shi, a kuma biya shi diyya. Ranar da aka zo sauraren koken, sai gwamnatin jihar ta ce ai an riga an sallame shi.

A yadda aka saba, magana ta ƙare ke nan. Aikin irin wannan ƙara shi ne a fito da mutum daga inda ake tsare da shi. Mai son diyya kuwa sai ya koma ƙaramar kotu ya buɗe sabuwar shari'a, ya ɗauki lauya, ya jira shekaru. Alƙalai uku ƙarƙashin Alƙalin Alƙalai Y. V. Chandrachud suka ƙi barin maganar a nan. Suka nemi bayani, hukumar gidan yari ta ce wai mutumin yana da taɓin hankali, ba tare da wata gamsasshiyar shaida ba. Ranar 1 ga Agustan 1983 kotun ta yanke cewa sashe na 21 na kundin tsarin mulki, wanda ya kare rai da walwalar mutum, zai zama fanko idan iyakar ikon kotu shi ne ta ce a saki wanda aka zalunta. Ta umarci gwamnatin Bihar ta biya shi rufi 30,000 na kuɗin Indiya, ban da 5,000 da aka riga aka ba shi.

Kuɗin bai taka kara ya karya ba idan aka auna shi da shekara 14 na rayuwar ɗan Adam. Sai dai dalilin da alƙalan suka rubuta ya yi aikin da ya wuce Rudul Sah nesa ba kusa ba.

Kafin a ga yadda hakan ta faru, ya kamata a san irin ƙarar da ake magana a kai. Kundin tsarin mulkin Indiya, wanda ya fara aiki ranar 26 ga Janairun 1950, ya buɗe wa ɗan ƙasa ƙofa biyu. Sashe na 32 ya ba shi damar zuwa Kotun Ƙoli kai tsaye idan an taɓa ɗaya daga cikin manyan haƙƙoƙinsa. B. R. Ambedkar, wanda ya jagoranci kwamitin tsara kundin, ya ɗauki wannan sashe a matsayin ruhin kundin baki ɗaya. Sashe na 226 kuma ya ba Manyan Kotunan jihohi, waɗanda yau suka kai 25, irin wannan iko, har ma ya fi na farkon faɗi, domin ya shafi duk wani haƙƙi da doka ta ba mutum a kan hukuma.

Umarnin da mai koke zai iya nema iri biyar ne, duka an gaje su daga kotunan Ingila. Akwai na a kawo wanda ake tsare da shi gaban alƙali a faɗi dalilin tsare shi, wanda lauyoyi ke kira habeas corpus. Akwai na tilasta wa jami'i ya yi aikin da doka ta ɗora masa. Akwai na hana ƙaramar kotu ci gaba da shari'ar da ba huruminta ba, da na soke shawarar da kotu ko hukuma ta riga ta yanke ba bisa ƙa'ida ba. Na biyar shi ne na tambayar wanda ke kan kujerar gwamnati da wane izini ya hau.

A irin waɗannan ƙararraki ba kasafai ake jera shaidu ana yi musu tambayoyi ba. Kowane ɓangare yana rubuta bayaninsa cikin takardar rantsuwa, sannan lauyoyi su fafata a kan doka. Shi ya sa makamin lauya a nan shi ne tarin hukunce-hukuncen baya. Sashe na 141 na kundin ya kuma faɗa ƙarara cewa dokar da Kotun Ƙoli ta ayyana ta hau kan kowace kotu a faɗin ƙasar. Hukuncin Babbar Kotu yana ɗaure kotunan da ke ƙarƙashinta a yankinta, amma ga takwararta ta wata jiha shawara ce mai nauyi, ta ga dama ta bi, ta ga dama ta saɓa.

Shekara biyu bayan shari'ar Rudul Sah, a Satumban 1985, 'yan sanda suka tare Bhim Singh, ɗan majalisar dokokin Jammu da Kashmir, a kan hanyarsa ta zuwa zaman majalisa. Suka tsare shi kwanaki ba tare da an gurfanar da shi gaban majistare yadda doka ta tanada ba. Matarsa ta kai kuka Kotun Ƙoli. Shi ma kafin a yanke hukunci an riga an sake shi. Wannan karon alƙalai ba su sha wahalar tambayar ko suna da ikon ba da diyya ba, domin an riga an amsa tambayar. Suka ambaci Rudul Sah, suka umarci gwamnati ta biya shi rufi 50,000.

Gwaji mafi tsanani ya zo ne daga wata uwa a jihar Orissa, mai suna Nilabati Behera. Ranar 1 ga Disamban 1987 'yan sanda suka tafi da ɗanta Suman, mai shekara 22, bisa zargin sata. Washegari aka tsinci gawarsa a kan layin dogo, da raunuka a jikinsa. 'Yan sanda suka ce tserewa ya yi cikin dare jirgin ƙasa ya banke shi. Uwar ba ta da lauya. Wasiƙa ta rubuta wa Kotun Ƙoli, kotun kuwa ta karɓi wasiƙar a matsayin cikakken koke ƙarƙashin sashe na 32, ta sa alƙalin gunduma ya yi bincike. Binciken ya nuna cewa raunukan da aka yi masa a hannun 'yan sanda ne suka kashe shi.

To amma akwai wani tsohon hukunci da ya gitta a hanya. A 1947 'yan sandan garin Meerut sun kama wani ɗan kasuwar gwal daga Amritsar, suka karɓe zinariya da azurfar da ke hannunsa. Da aka sake shi an mayar masa da azurfar, zinariyar kuwa wani ɗan sanda ya yi awon gaba da ita zuwa Pakistan. A 1964, cikin shari'ar da aka sani da Kasturi Lal, alƙalai biyar na Kotun Ƙoli suka ce gwamnati ba za ta biya ba, domin kamawa da ƙwace kaya aikin ikon mulki ne, ba a cin gwamnati tara a kansa. Alƙalan da ke sauraren Nilabati su uku ne kacal, ba su da ikon ture abin da biyar suka yanke.

Abin da suka yi shi ne suka karanta tsohon hukuncin da idon basira. Mai Shari'a J. S. Verma ya nuna cewa Kasturi Lal ƙarar neman ramuwar dukiya ce da aka shigar ta hanyar shari'ar da aka saba tsakanin mutum da mutum, ba a ko taɓo maganar manyan haƙƙoƙi a cikinta ba. Wanda ya zo ƙarƙashin sashe na 32 ko na 226 yana kuka a kan rai da walwala, ƙofarsa daban ce, kuma kariyar ikon mulki ba ta da wurin zama a cikinta. A Maris na 1993 kotun ta ba uwar diyyar rufi 150,000, ta kuma ɗora hukuncin a kan Rudul Sah da Bhim Singh. Tun daga lokacin, Manyan Kotunan jihohi ke ba da diyya kan mutuwa a hannun jami'an tsaro suna ambaton waɗannan sunaye.

A nan ne gwanintar alƙali take, masu sauraro. Ba duk abin da aka rubuta cikin hukunci ne ke ɗaure na baya ba. Abin da ke ɗaurewa shi ne dalilin da hukuncin ya tsayu a kansa, haɗe da abubuwan da suka faru waɗanda suka jawo dalilin. Maganar da alƙali ya yi a kan hanya, wadda ko babu ita hukuncin zai tsaya, ana girmama ta amma ba ta kai wancan ƙarfi ba. Duk wanda ya zauna gaban malamin fiƙihu ya san irin wannan aiki a babin ƙiyasi: ana duba asali, a duba reshe, a nemi illar da ta haɗa su, in an same ta sai hukuncin asali ya sauka a kan reshe, in ba a same ta ba kowa ya kama gabansa.

Yawancin koke-koken da ke cika Manyan Kotunan Indiya ba na kisa ko ɗauri ba ne. Na albashi ne, da fansho, da ƙarin girma, da filin da gwamnati ta karɓe, da gurbin karatu. Shari'o'in da ke jiran hukunci a kotunan ƙasar sun haura miliyan 50, kimanin miliyan 6 daga ciki a Manyan Kotuna. Da kowane koke sai an yi masa muhawara tun daga tushe, da jikokin masu ƙara ne za su karɓi hukunci. Saboda haka idan ɗaruruwan mutane suka zo da kuka iri ɗaya, sai a haɗa takardunsu wuri guda, a zaɓi ɗaya a yi muhawara a kanta, hukuncinta ya game sauran. Wanda ya zo daga baya kuma, lauyansa zai miƙe ya ce wa alƙali an riga an yanke irin wannan, ya miƙa kwafin hukuncin. Idan lauyan gwamnati bai iya nuna wani bambanci ba, cikin 'yan mintoci za a rubuta umarni mai shafi ɗaya ko biyu, a ba mai koke abin da aka ba na farko.

Ga misali mai taɓa ma'aikata. Yakan faru ofishin gwamnati ya yi kuskuren lissafi ya riƙa biyan ma'aikaci fiye da albashinsa shekara da shekaru, shi bai sani ba, sai ana gab da ritayarsa a ce za a zare kuɗin daga haƙƙinsa na sallama. A Disamban 2014, cikin shari'ar Rafiq Masih, wani mai shafa farar ƙasa a ma'aikatar gwamnatin Punjab, Kotun Ƙoli ta haɗa ɗimbin irin waɗannan ƙararraki ta jera yanayin da ba a yarda a karɓe kuɗin ba. A ciki akwai ƙananan ma'aikata na aji na uku da na huɗu, da wanda ya riga ya yi ritaya ko ya rage masa ƙasa da shekara guda, da wanda aka shafe fiye da shekara biyar ana yi masa kuskuren biyan kafin a farga. Sharaɗin shi ne kuskuren na ofis ne, ma'aikacin bai yi ƙarya ko maguɗi ba. Tsofaffin malaman makaranta da masinjoji da direbobi masu ɗimbin yawa sun tsira da fanshonsu ta hanyar ambaton wannan suna kawai.

Amma a 2016 wani tsohon alƙalin ƙaramar kotu, Jagdev Singh, ya nemi cin wannan gajiya, bai samu ba. Lokacin da aka ƙara masa albashi ya sa hannu a takarda cewa zai mayar da duk abin da aka biya shi fiye da ƙima. Kotun Ƙoli ta ce wanda aka gargaɗe shi tun farko, ya kuma ɗauki alkawari a rubuce, ba ɗaya yake da wanda aka yi wa ba-zata ba. Takarda guda ta raba shari'u biyu da a ido tamkar tagwaye suke.

Jinkiri ma yana raba su. A 2014 ɗin dai, cikin shari'ar Arvind Kumar Srivastava daga jihar Uttar Pradesh, kotun ta ce ƙa'ida ita ce a yi wa waɗanda ke cikin hali ɗaya adalci iri ɗaya, ko da ba su ne suka fara zuwa kotu ba. Sai dai wanda ya naɗe hannu shekaru yana kallon abokan aikinsa suna fafutuka, bai motsa ba sai da ya ga sun yi nasara, kotu na iya ƙin saurarensa.

Tambayar da dole ta taso ita ce: idan hukuncin bayan ne ke da kuskure fa?

Alƙalan Kotun Ƙolin Indiya ba sa zama gaba ɗaya. Bibbiyu ko uku-uku suke zama, babbar tambaya a kan kundin tsarin mulki kuwa sai biyar zuwa sama. Ƙa'idar, kamar yadda alƙalai biyar suka fayyace ta a 2004 cikin shari'ar al'ummar Dawoodi Bohra, ita ce hukuncin zama mai yawan alƙalai yana ɗaure zaman da bai kai shi ba da wanda ya yi daidai da shi. Alƙalan da ke da shakku ba za su yi gaban kansu ba, sai dai su nemi a miƙa maganar ga zaman da ya fi girma.

Wannan ƙa'ida tana kawo natsuwa, tana kuma iya tsawaita ran mummunan hukunci. A Yunin 1975 gwamnatin Indira Gandhi ta kafa dokar ta-ɓaci, aka kwashe dubban 'yan adawa da 'yan jarida aka tsare. Manyan Kotuna tara suka ce duk da haka wanda aka tsare yana da damar ƙalubalantar tsarewar. Gwamnati ta ɗaukaka ƙara. Ranar 28 ga Afrilun 1976, cikin shari'ar ADM Jabalpur, alƙalai huɗu daga cikin biyar suka ce muddin ana cikin dokar ta-ɓaci babu wanda ke da bakin kawo irin wannan koke. Da alƙalami ɗaya aka rufe ƙofar kowace Babbar Kotu a ƙasar, domin sashe na 141 bai ware hukunci mai daɗi daga mai ɗaci ba. Mai Shari'a H. R. Khanna shi kaɗai ya saɓa. A Janairun 1977 aka tsallake shi wajen naɗa Alƙalin Alƙalai alhali shi ne na gaba, ya ajiye aiki. Majalisa ta gyara kundin a 1978 ta hana a sake dakatar da sashe na 20 da na 21, amma shi hukuncin ya ci gaba da zama cikin littattafan shari'a.

Ranar kau da shi ta zo ta wata hanya dabam. A 2012 wani tsohon alƙalin Babbar Kotun Karnataka, K. S. Puttaswamy, ya ƙalubalanci shirin katin shaida na Aadhaar, wanda ke tattara zanen yatsu da hoton ƙwayar idon 'yan ƙasa. Lauyan gwamnati ya ce kundin bai san wani haƙƙi na sirrin mutum ba, ya kafa hujja da hukuncin alƙalai takwas na 1954 da na alƙalai shida na 1962. Tun da takwas ne suka yi magana, ba mai iya warware ta sai tara. Aka zaunar da tara. Ranar 24 ga Agustan 2017 bakinsu ya zo ɗaya cewa sirrin mutum babban haƙƙi ne, kuma cikin wannan hukunci aka ayyana cewa ADM Jabalpur kuskure ne, Khanna ne ke da gaskiya. Wanda ya rubuta wannan ɓangare shi ne Mai Shari'a D. Y. Chandrachud, ɗan Y. V. Chandrachud. Uban yana cikin huɗun nan na 1976, kuma shi ne dai ya ba Rudul Sah diyya a 1983. Shekara 41 aka ɗauka kafin kotun ta gyara da bakinta.

Mai sauraro a Nijeriya ba baƙo ba ne ga wannan tsari, domin ƙasashen biyu gida ɗaya suka yi gado. Kundin Penal Code da aka kafa wa Arewa gab da samun 'yancin kai an ɗauko shi daga na Sudan, shi kuma na Sudan daga na Indiya na 1860. Lauyoyin Nijeriya kan ambaci hukuncin Indiya a gaban alƙali, ko da yake a nan shawara ce kawai, ba ta ɗaure kowa. Abin da ke ɗaurewa shi ne hukuncin Kotun Ƙolin Nijeriya, sai na Kotun Ɗaukaka Ƙara a kan kotunan da ke ƙasa da ita. A 2003, cikin shari'ar Dalhatu da Turaki a kan takarar gwamnan Jigawa a jam'iyyar ANPP, alƙalin wata Babbar Kotu ya ƙi bin hukuncin Onuoha da Okafor na 1983, wanda ya ce tsayar da ɗan takara harkar cikin gida ce ta jam'iyya. Kotun Ƙoli ta yi masa kakkausar tsawa. Daga baya majalisa ce ta gyara dokar zaɓe ta ba masu neman takara damar zuwa kotu kan zaɓen fid da gwani. A Jamhuriyar Nijar kuwa, wadda ta gaji tsarin Faransa, rubutacciyar doka ce kan gaba, hukuncin baya yana haska wa alƙali hanya amma bai ɗaure shi kamar haka ba.

Ta wani ɓangaren ma ɗan Nijeriya ya samu a sauƙaƙe abin da Indiya ta gina da shari'a bayan shari'a. Sashe na 35(6) na kundin 1999 ya ce wanda aka kama ko aka tsare ba bisa doka ba yana da haƙƙin diyya da neman afuwa a bainar jama'a. Sashe na 46 ya ba shi damar zuwa Babbar Kotu a jihar da abin ya faru. Ƙa'idojin 2009 na kare manyan haƙƙoƙi, waɗanda Alƙalin Alƙalai Idris Legbo Kutigi ya sa wa hannu, sun cire iyakar lokaci a kan irin wannan ƙara, sun kuma yarda ɗan'uwa ko wata ƙungiya su shigar da ita a madadin wanda ke tsare.

Duk da haka, yawan diyyar da yanayin da ake ba da ita hukunce-hukuncen baya ne ke nuna su, kuma ba a tabbatar da kamanni tsakanin shari'u biyu da fatar baki. Iyalin da aka tsare musu mutum su rubuta ranar da aka kama shi da sa'ar, da sunan ofishin da aka kai shi, da ranar da aka gurfanar da shi in an yi hakan. Ma'aikaci ya adana takardar ɗaukarsa aiki, da ta ƙarin girma, da kwafin duk abin da ya taɓa sa wa hannu. Da waɗannan ne lauya zai nuna wa alƙali cewa wannan kuka da wancan da aka riga aka share wa hawaye abu ɗaya ne.

A nan shirin na yau zai dasa aya. Mako mai zuwa, in Allah ya kai mu, shirin zai duba ƙa'idoji 11 da Kotun Ƙolin Indiya ta shimfiɗa wa 'yan sanda a Disamban 1996 cikin shari'ar D. K. Basu, kama daga sanar da dangin wanda aka kama zuwa duba lafiyarsa duk bayan awa 48, tare da abin da dokokin Nijeriya suka tanada a kan kama mutum da tsare shi.